Ɗigo ƙarƙashin ɗigo: yadda ake tarawa da ɗebewa a lambobi masu ɗigo, da dalilin da ya sa ɗalibai ke tuntuɓe

A ranar 1 ga Janairun 1973 Najeriya ta ajiye fam da sule, ta ɗauki Naira da kwabo. Janar Yakubu Gowon ne ke mulki a lokacin, Alhaji Shehu Shagari kuma shi ne Kwamishinan Kuɗi na Tarayya. Tun daga wannan rana kwabo 100 ya zama Naira ɗaya, aka riƙa rubuta Naira biyu da kwabo hamsin da lambobi uku da ɗigo a tsakani, wato 2.50. Yaran wancan zamani sun koyi lissafin ɗigo a tafin hannunsu kafin su gan shi a allo, domin da kwabo ake aikensu sayen ƙosai, da kwabo kuma ake ba su canji.

Yaron da ke aji ɗaya na ƙaramar sakandare a Dutsin-Ma ko Kurfi a yau bai taɓa sayen komai da kwabo ba. Ko tsabar kwabo 50 da Naira 1 da Naira 2 da Babban Bankin Najeriya ya sake fitowa da su a 2007 ba su daɗe a hannun jama'a ba. Sai dai ɓacewar kwabo daga aljihu ba ta fitar da ɗigo daga harkokin yau da kullum ba. Yana nan a saƙon banki, da takardar albashi, da famfon gidan mai, da sikelin mai sayen amfanin gona, da kwalbar maganin yara. Saboda haka yaro na buƙatar darasin fiye da da, alhali abin da ke sauƙaƙa masa fahimtarsa ya kau. Wannan giɓi ne iyaye za su iya cikewa a gida, idan sun riƙe ƙa'ida guda da dalilinta.

Me ɗigon yake nufi?

Kowace lamba tana da gida, kuma gidan ne ke ba ta daraja. A cikin 325, ukun na gidan ɗaruruwa, biyun na gidan gomomi, biyar ɗin na gidan ɗaiɗai. Duk taku ɗaya da aka yi zuwa dama, darajar gida tana raguwa zuwa kashi ɗaya cikin goma na gidan da aka baro. Idan aka wuce gidan ɗaiɗai tafiyar ba ta tsayawa. Gida na gaba shi ne na kashi ɗaya cikin goma, mai bi masa na kashi ɗaya cikin ɗari, sannan na kashi ɗaya cikin dubu. Aikin ɗigo shi ne ya nuna iyaka: abin da ke hagunsa cikakku ne, abin da ke damansa gutsattsari ne.

Bahaushe ya san waɗannan gutsattsari tun kafin zuwan boko. Manomin da ya noma gero da ruwan sama a ƙasar Kurfi yana fitar da ushiri a zakka, wato kashi ɗaya cikin goma, wanda a rubuce shi ne 0.1. Wanda ya sha wahalar ban-ruwa da inji a gefen madatsar ruwa ta Zobe yana fitar da rabin ushiri, wato 0.05. A buhu 100, na farko zai fitar da buhu 10, na biyu buhu 5. Duk da haka, idan aka rubuta wa yaro 0.1 da 0.05 aka ce ya nuna babba, yakan nuna 0.05, domin ya ga biyar ta fi ɗaya. Bai lura cewa ɗayan tana gidan kashi goma ba, biyar ɗin kuwa tana gidan kashi ɗari.

Yadda ake furta lambar yana da hannu a wannan ruɗani. Wanda ya karanta 0.25 da cewa "sifili ɗigo ashirin da biyar" ya riga ya shirya wa kansa kuskure, domin kunnensa zai gaya masa cewa ta fi 0.5 girma. Daidai shi ne a furta lambobin bayan ɗigo ɗaya bayan ɗaya: sifili ɗigo biyu biyar. Ita 0.5 rabi ce, 0.25 kuwa kwata ce, kuma babu mahaucin da zai ce kwatan kilo ya fi rabin kilo.

Ƙa'idar tarawa

Ba a tara abu sai da irinsa. Mai sayar da hatsi a kasuwar Laraba ta Dutsin-Ma ba ya haɗa buhu uku da tiya huɗu ya ce yana da bakwai. Haka lamarin yake a lambobi: gomomi da gomomi, ɗaiɗai da ɗaiɗai, kashin goma da kashin goma. Hanyar tabbatar da haka ita ce a jera lambobin ɗigo ƙarƙashin ɗigo. Da zarar ɗigo ya zauna ƙarƙashin ɗan'uwansa, kowane gida ya faɗa ƙarƙashin irinsa.

A ɗauka direban motar haya ya sha mai lita 12.5 a Dutsin-Ma, da ya isa Kurfi a kan hanyarsa ta zuwa Katsina ya ƙara lita 3.75. Yaron da ya saba da lissafin firamare zai jera lambobin daga dama, kamar yadda aka koya masa a cikakkun lambobi, ya tara 125 da 375 ya sami 500, ya saka ɗigo ya ce lita 5.00. Amsar ta gaza man da aka sha tun a tashar farko. Ga yadda ya kamata a jera su:

12.50
03.75
16.25

An cike gidan da babu kowa da sifili, 12.5 ta koma 12.50. Sifilin da aka ƙara a ƙarshe bayan ɗigo ba ya sauya daraja, kamar yadda rabin Naira da kwabo 50 abu ɗaya ne. Daga nan sai a tara daga dama kamar kullum. Sifili da biyar, biyar. Biyar da bakwai, sha biyu: a rubuta biyu, a riƙe ɗaya. Wannan ɗayan da aka riƙe yana tsallake ɗigo ya shiga gidan ɗaiɗai, domin gutsure goma na kashin goma sun cika guda ɗaya. Biyu da uku da ɗayan da aka riƙe, shida. Sai a sauko da ɗayan gidan gomomi. Jimla lita 16.25.

Misali na biyu ya shafi duk mai asusun banki. A jadawalin cajin da Babban Bankin Najeriya ya fitar, wanda ya fara aiki a Janairun 2020, tura kuɗin da bai wuce Naira 5,000 ba ya riƙa cin Naira 10, daga nan zuwa Naira 50,000 Naira 25, abin da ya haura haka kuma Naira 50. Da aka ɗaga harajin VAT zuwa kashi 7.5 cikin ɗari a Fabrairun wannan shekarar, sai cajin ya riƙa fitowa a saƙo da 10.75 da 26.88 da 53.75. Ɗan kasuwar da ya yi waɗannan turawa uku a yini ɗaya ya biya:

10.75
26.88
53.75
91.38

Mai shago na iya cewa kwabo 88 ba abin dubawa ba ne. Amma wanda ke yin turawa goma a rana a kan 26.88 ya biya Naira 268.80 kafin dare, a kwana 30 kuma Naira 8,064. Da yayyafi kogi ke cika.

Ƙa'idar ɗebewa

Ɗebewa ma a kan wannan jeri take tafiya, sai dai a nan ne rashin cike gida da sifili ya fi yin ɓarna. A ce mai shagon kayan gona ya buɗe buhun taki mai kilo 50, ya auna wa wani manomi kilo 12.75. Kuskuren da aka fi gani shi ne yaro ya ɗebe 12 daga 50 ya sami 38, ya ga babu komai a saman .75, sai ya sauko da ita yadda take, ya rubuta 38.75. A wannan lissafi gutsuren da aka sayar ya dawo cikin buhu. Abin da ya dace shi ne a tuna cewa kowace cikakkiyar lamba tana da ɗigo a ɓoye a bayanta, a fito da shi, a rubuta 50.00:

50.00
12.75
37.25

Ba za a iya ɗebe biyar daga sifili ba, sai an yi aro. Maƙwabcin gida ma sifili ne, don haka aron sai ya tsallake ɗigo. A karɓo kilo ɗaya daga 50, saura 49. A farfasa kilo ɗayan zuwa gutsure 100, a ɗebe 75, saura 25. A ɗebe 12 daga 49, saura 37. Abin da ya rage a buhu kilo 37.25 ne. Tsakanin amsar kuskure da ta daidai akwai kilo ɗaya da rabi, kuma mai shagon zai neme shi ya rasa ranar da ya zo ƙarasa buhun.

'Yan kasuwa suna da tasu hanyar, wadda da ita ake ba da canji tun zamanin kwabo, kuma ta cancanci shiga aji. Maimakon ɗebewa, sai su yi ciko. Daga 12.75 ana buƙatar 0.25 a kai 13. Daga 13 ana buƙatar 37 a kai 50. Cikon gaba ɗaya 37.25. Yaron da ya iya hanyoyin biyu zai yi lissafi da ɗaya, ya binciki kansa da ɗayar.

Ma'aikaci kuwa yana haɗuwa da tarawa da ɗebewa a takarda guda kowane ƙarshen wata. A ɗauki albashin Naira 98,450.60 a matsayin misali, an cire 7,876.05 na fansho, da 4,210.50 na haraji, da 985 na ƙungiya. Sai an rubuta ta ƙarshen 985.00 kafin a jera. Jimlar abin da aka cire 13,071.55. Idan aka ɗebe ta daga albashin, abin da ya kamata ya shiga asusu shi ne Naira 85,379.05. Uban da ya miƙa wa 'yarsa irin wannan takarda ya ce ta bincika masa ya ba ta aikin gida wanda ya fi na littafi, domin amsar na nan a wayarsa tana jiran a gwada.

Kintace kafin lissafi

Akwai al'ada guda da ke kama mafi yawan kurakuran ɗigo, ita ce yin kintace kafin a sa alƙalami. Lita 12.5 da 3.75 sun yi kusa da 12 da 4, don haka amsar ba za ta yi nisa da 16 ba. Wanda ya riƙe wannan a ransa ba zai karɓi 5 ba, ba kuma zai karɓi 162.5 ba. Kuskuren ɗigo ba ya zuwa ƙarami. Taku ɗaya zuwa dama yana ninka lamba sau goma, taku ɗaya zuwa hagu yana mayar da ita ushirinta.

Na'urar lissafi ta waya ba ta raba mutum da wannan buƙata. Abin da yatsa ya danna take lissafawa, ko da yatsan ya tsallake ɗigo. Tana kuma share sifilin ƙarshe, ta nuna 7.5 a inda ake nufin Naira 7 da kwabo 50, wanda bai sani ba ya karanta Naira 7 da kwabo 5. A ƙaramin kuɗi wannan ba ya ciwo. Amma a takardar kwangila ko kasafin kuɗi, Naira miliyan 2.5 na nufin 2,500,000, miliyan 2.05 kuwa 2,050,000, tsakaninsu Naira 450,000. A kwalbar maganin yara, tsakanin mililita 2.5 da mililita 25 akwai ninki goma, abin da kan iya jefa rai cikin haɗari. A tsarin maki biyar da akasarin jami'o'in ƙasar nan ke bi, daraja ta ɗaya tana farawa ne daga 4.50, saboda haka ɗalibin da ya kammala da 4.49 ya rasa ta da 0.01. Iyayen da 'ya'yansu ke Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma, wadda aka kafa a 2011, sun san nauyin lamba ta biyu bayan ɗigo.

Wurare biyu da ake zamewa

Na farko shi ne agogo. Awa tana da minti 60, ba ta bin tsarin goma-goma. Awa 1.5 awa ɗaya ce da minti 30, domin 0.5 rabi ce. Wanda ya rubuta tafiyar awa ɗaya da minti 45 da 1.45, ya ƙara mata minti 30 ya sami 1.75, ya cakuɗa tsari biyu. Amsar ita ce awa biyu da minti 15. Dattawan da suka riski tsohon kuɗi sun san irin wannan lissafi, domin kwabo 12 ne sule, sule 20 ne fam. Sule 7 da kwabo 8 idan aka haɗa da sule 5 da kwabo 6 suna ba da sule 13 da kwabo 2. Kawar da wannan wahala na cikin dalilan sauyin 1973, inda fam ya koma Naira 2, sule ya koma kwabo 10, sisi kuma kwabo 5. Har yau akwai masu kiran Naira 200 jaka, sunan fam 100 na da.

Na biyu ya shafi masu fatauci ta Jibiya zuwa Maraɗi. Jamhuriyar Nijar tana bin tsarin Faransa, inda waƙafi ke yin aikin ɗigo. Abin da Bakatsine zai rubuta 12.5, mutumin Maraɗi 12,5 zai rubuta. Wajen raba dubbai kuwa sukan bar fili ko su sa ɗigo, ta yadda 1.500 a rasidinsu kan iya nufin dubu ɗaya da ɗari biyar. Ƙa'idar jeri ba ta sauya ba, alamar ce ta sauya, amma ɗan kasuwar da bai tantance wane tsari takarda ke bi ba yana iya yin asara mai yawa.

Daga ina wannan tsari ya fito?

Ɗigo bai zo wa masana a dare ɗaya ba. Wajen shekarar 952, a birnin Dimashƙa, Abul Hasan al-Uƙlidisi ya rubuta littafi kan lissafin Indiyawa, inda ya yi amfani da 'yar alama a saman gidan ɗaiɗai domin raba cikakku da gutsattsari. A 1427, a Samarƙand, Jamshid al-Kashi ya yi cikakken bayanin tsarin a littafinsa Miftahul Hisab. A Turai, Simon Stevin, haifaffen Bruges da ke Beljiyam ta yau, ya fitar da ɗan ƙaramin littafi a 1585 domin 'yan kasuwa da masu auna filaye da masu buga kuɗi, ya nuna musu cewa za su iya lissafa gutsattsari da dokokin da suka saba da su a cikakkun lambobi. Rubuce-rubucen John Napier na Sikotilan, a farkon ƙarni na 17, sun taimaka wajen yaɗa ɗigon kamar yadda aka san shi a yau. Ƙasar Katsina ma ba baƙuwar ilimin hisabi ba ce: Muhammad ibn Muhammad al-Fulani al-Katsinawi, wanda ya rasu a Alƙahira a 1741, ya yi rubutu kan jera lambobi a gidajen murabba'i ta yadda kowane layi zai ba da jimla ɗaya. Abin da ya ɗauki masana ɗaruruwan shekaru kafin ya daidaita, ba abin mamaki ba ne yaro ɗan shekara 12 ya buƙaci a maimaita masa.

Abin da za a iya yi a gida da aji

Darasin ɗigo yana farawa a manyan azuzuwan firamare, ya dawo a ƙaramar sakandare, ya kuma fito a jarrabawar BECE ta ƙarshen aji uku. A kansa ake gina lissafin kashi cikin ɗari, da riba da faɗuwa, da awo a darussan kimiyya. Littattafan da jarrabawar da Turanci suke, amma babu abin da ya hana uwa ko uba su bayyana ma'anar da Hausa. Malaman da Kwalejin Ilimi ta Isa Kaita da ke Dutsin-Ma ke yayewa, da takwarorinsu na sauran wurare, suna fuskantar aji mai yara da yawa da lokaci kaɗan, don haka minti goma na gida yana da tasiri.

Tunda kwabo ya ɓace, sai a nemo abin da yaro zai taɓa a madadinsa. Ledar fiya wata mai santilita 50 rabin lita ce, wato 0.5. Gorar ruwa mai santilita 75 ita ce 0.75, babbar gora kuma 1.5. A jera masa su uku a ce ya faɗi jimla, ya sami lita 2.75. Tef ɗin tela ma malami ne: santimita 100 ne mita ɗaya, kamar yadda kwabo 100 ne Naira ɗaya, don haka tsayin santimita 142 shi ne mita 1.42. A auna shi, a auna ƙaninsa, a ce ya fitar da bambanci. Littafin lissafi mai gida-gida yana taimakawa, idan aka saba masa da lamba ɗaya a gida ɗaya, ɗigo kuma a layi guda daga sama har ƙasa. Idan ya kawo amsa, kafin a ce daidai ko kuskure, a tambaye shi nawa ya kintata tun farko.

Ga tambayoyi huɗu da za a iya gwada yaro da su a daren yau. Ta ɗaya, 8.6 a tara da 14.45. Ta biyu, a ɗebe 6.98 daga 20. Ta uku, a jera 0.7 da 0.65 da 0.08 daga babba zuwa ƙarami. Ta huɗu, Naira miliyan 2.5 a tara da Naira 750,000, a rubuta amsar da miliyan. Amsoshin su ne 23.05, da 13.02, da 0.7 sai 0.65 sai 0.08, da miliyan 3.25. Yaron da ya ce 15.31 a ta ɗaya ya jera daga dama ne. Wanda ya ce 14.98 a ta biyu bai cike gida da sifili ba. Wanda ya sa 0.65 a gaba a ta uku yana buƙatar a koma da shi kan darajar gidaje, da gorar ruwa a hannu, kafin a ci gaba.